Werner Herzog: Bajamushen da ya ja jirgin ruwa a kan tudu, da abin da mai son yin fim zai ɗauka a wurinsa

Tambaya: "Assalamu alaikum Malam. Ni matashi ne daga Maraɗi, ina ɗaukar bidiyon biki da suna, amma burina in yi fim na gaske. Kwanan baya na ci karo da wani tsohon fim a kan Bororo da aka ɗauka a nan Nijar, aka ce wani Bajamushe ne mai suna Werner Herzog ya yi shi. Da na yi tambaya, wani ya ce gwani ne da ya fara ba makaranta ba kuɗi. Wani kuma ya ce mahaukaci ne mai jefa mutane cikin haɗari, har ƙarya yake sakawa a finafinan da ya ce na gaskiya ne. Wane ne shi, kuma ya dace irina ya bi sawunsa?"

Wa alaikumus salam ƙanena, Allah ya yi wa sana'a albarka. Tambayarka uku ce a dunƙule: wane ne mutumin, wanne ne gaskiya cikin abubuwan da aka faɗa maka, sannan me za ka ɗauka a wurinsa. Mutum biyun da suka ba ka amsa duk ba su yi maka ƙarya ba, kowanne ya kama gefe ɗaya ne na tabarmar. Na yi shekaru ina tace hoto, ina ɗaukar ƙananan shirye-shiryen gaskiya a karkara, ina kuma koyar da masu tasowa, kuma babu daraktan Turai da na fi yawan nuna wa ɗalibai aikinsa kamar Herzog. Babu kuma wanda muka fi yin gardama a kansa. Hausawa sun ce zuwa da kai ya fi aike, to rayuwar wannan mutum gaba ɗaya a kan wannan magana aka gina ta. Inda take yi masa kyau da inda take zame masa abin zargi duk daga nan suka fito, domin wanda ya ce sai ya je da kansa, da wuya ya je shi kaɗai.

Yaron da bai san akwai silima ba

An haife shi a birnin Munik ranar 5 ga Satumba 1942, ana tsakiyar Yaƙin Duniya na Biyu. Yana da 'yan makonni a duniya bam ya rushe gidan maƙwabta, sai mahaifiyarsa Elisabeth ta kwashe 'ya'yanta ta gudu da su Sachrang, wani ƙauye a cikin tsaunukan Bavariya dab da iyakar Ostiriya. Gidan ba famfo, ba tarho, ban ɗakin ma a waje yake. Uban ya bar su tun da wuri, uwar ce ta yi ta faɗi-tashi, shi ya sa sunan da ya tashi da shi nata ne, Stipetić. Daga baya ne ya ɗauki sunan uban, Herzog. Ya sha faɗa cewa bai ga fim ba sai yana da shekara 11, lokacin da wani mai yawo da majigi ya zo makarantarsu, kuma bai taɓa magana a tarho ba sai yana da 17.

Ina so ka tsaya a kan wannan, don yana bayyana idonsa. Yaron da ya tashi bai cika kansa da hotunan wasu ba, in ya ɗaga kyamara yakan kalli abu kamar yau aka halicce shi. Za ka ga haka a finafinansa: ya kafa kyamara a kan ruwa mai gudu ko hazo a kan dutse, ya bar ta har sai ka daina jiran abin da zai faru ka fara kallon abin da ke gabanka.

Yana da kimanin shekara 12 suka koma Munik, suka zauna a ɗaki ɗaya a wani gidan haya. A gidan nan ne, yana da 13, ya yi zaman 'yan watanni da wani ɗan wasa mai zafin kai da ake kira Klaus Kinski, wanda a cewar Herzog ya taɓa kulle kansa a ban ɗaki kwana biyu yana farfasa duk abin da ke ciki. Ka riƙe wannan suna, zai dawo. Tun yana sakandare yake aikin walda da dare a wata masana'antar ƙarfe, yana tara kuɗin fim. Kyamarar milimita 35 da ya fara aiki da ita kuwa ɗauke ta ya yi daga wata cibiyar koyon fim a Munik, bai mayar ba. Shi yana cewa larura ce ta sa. Ni a wurina sunan abin sata ne, kuma kai ba ka ma da wannan uzurin, tunda wayar da ke aljihunka tana ɗaukar hoton da ya isa a nuna a majigi.

Gajeren fim ɗinsa na farko ya fito a 1962, a 1963 ya kafa kamfaninsa na kansa. Wannan shi ne mataki mafi wayo da ya taɓa ɗauka, ko da yake ba a cika ambatonsa ba. Shi ne marubuci, shi ne darakta, shi ne furodusa, daga baya ƙaninsa Lucki Stipetić ya riƙe masa harkar kuɗi, haƙƙin mallakar mafi yawan finafinan ya zauna a gida. Dogon fim ɗinsa na farko, Lebenszeichen, a tsibirin Kos na ƙasar Girka ya ɗauke shi, inda kakansa ya taɓa aikin tono kayan tarihi. Labarin wani sojan Jamus ne da aka sa gadin rumbun makamai, zaman banza ya taɓa masa hankali. Fim ɗin ya samu kyauta a bikin finafinai na Barlin a 1968, Herzog yana da shekara 25.

'Ya'yan da ba su da iyaye a sana'a

Kafin zuwan Hitler a 1933, Jamus tana cikin manyan ƙasashen fim na duniya, da mutane irin su Murnau da Fritz Lang. Murnau ya rasu a 1931, Lang ya bar ƙasar, silima ta koma hannun masu farfaganda. Bayan yaƙi kuma aka shiga yin finafinan daɗin baki na ƙauye da soyayya, kowa yana kauce wa abin da ya faru. A 1962 matasa 26 suka sa hannu a wata sanarwa a garin Oberhausen cewa tsohon fim ya mutu. Herzog ba ya cikinsu, amma da shi da Fassbinder da Wenders da Schlöndorff ake lissafa tsarar da ta farfaɗo da fim ɗin Jamus. Ba su yarda su koyi sana'a daga tsarar iyayensu ba, saboda hannun da yawa cikinsu ya ɓaci da aikin Nazi, sai suka tsallaka zuwa kakanni.

Wadda ta haɗa su da kakannin ita ce Lotte Eisner, Bayahudiya masaniyar tarihin fim da ta tsere Faris a 1933. Ita ce ta fara cewa aikin Herzog fim ɗin Jamus ne na asali. A ƙarshen Nuwamba 1974 aka gaya masa tana kwance rai a hannun Allah. Ya ɗauki jaka da kamfas, ya kama hanyar Faris da ƙafa daga Munik, kusan kilomita 800, cikin sanyin hunturu da dusar ƙanƙara, yana raya wa ransa cewa ba za ta mutu ba muddin yana tafe. Mako uku ya yi. Ya same ta da sauƙi, ta kuma rayu har 1983. Rai na Allah ne, tafiyar wani ba ta ƙara kwana. Amma tafiyar tana nuna maka mutumin: abin da ya ɗauka da muhimmanci, da jikinsa yake biya.

A nan zan gyara maganar abokinka na farko. Gaskiya ne bai yi makarantar fim ba, amma batun "ba kuɗi" da gyara. Jamus ta Yamma tana da asusun tallafa wa matasan daraktoci tun tsakiyar shekarun 1960, akwai kyaututtukan gwamnati masu tafe da kuɗi, gidajen talabijin kuma suna sayen fim tun kafin a gama shi. Ya sha wahala, amma akwai tsani a jingine a bangon. Kai a Maraɗi bikin da kake ɗauka shi ne asusunka, don haka kada ka raina shi.

Daga Sahara zuwa Amazon

A 1969 ya ratsa Sahara daga Aljeriya, ya bi ta Nijar ya gangara Kamaru, yana farautar kawalwalniya da kyamara. Ma'anar sunan fim ɗin ke nan, Fata Morgana, wanda ya fito a 1971. Ba shi da labari irin wanda ka saba, sai rairayi da gawarwakin dabbobi da tarkacen injuna, da muryar Eisner tana karanta tatsuniyar halittar duniya ta mutanen Maya. A Kamaru aka kama su, saboda sunan mai ɗaukar hotonsa, Jörg Schmidt-Reitwein, ya yi kama da na wani sojan haya da ake nema. Sun sha kulle, Herzog ya fito da zazzaɓin cizon sauro da tsargiya.

Wanda ya fitar da sunansa duniya shi ne Aguirre na 1972, labarin wani kwamandan Sifaniya na wajen 1560 da ya yi tawaye ya bi kogi yana neman ƙasar zinariya. Ya rubuta labarin cikin kwana biyu da rabi, wani sashe a cikin bas yana tafiya da ƙungiyar ƙwallonsa. Kuɗin fim ɗin dala 370,000 ne, kashi ɗaya cikin uku na Kinski, wani gidan talabijin na jihar Hessen ya zuba wani kaso. Ka nemi minti biyar na farko ka kalla: ɗaruruwan mutane kamar jerin tururuwa suna gangarowa daga tsauni kusa da Machu Picchu a ƙasar Peru, cikin hazo, da sulke da igwa da kejin kaji. Ba dabarar kwamfuta, mutane ne a kan dutse mai santsi. Shi ya sa tsoron da ke fuskokinsu yake shiga jikin mai kallo. A wurin wannan aiki ne Kinski ya ce zai tafi ya bar fim ɗin, Herzog ya ce masa in ya tafi zai harbe shi sannan ya harbe kansa. Kinski ya zauna. Finafinai biyar suka yi tare.

Tsakanin nan ya yi wasu ayyuka masu taushi da ba a cika ba da labarinsu ba saboda ba su da hayaniya. Akwai na Fini Straubinger, wata mata kurma kuma makauniya da ke yawo tana ziyartar 'yan'uwanta, suna magana ta hanyar taɓa tafin hannu. Akwai na Kaspar Hauser a 1974, inda ya ba Bruno S. matsayin jarumin fim, mutumin da ya tashi a gidajen marayu da asibitocin masu taɓin hankali, fim ɗin kuma ya ci babbar kyautar alƙalai a bikin finafinai na Cannes a Faransa a 1975. Duk mai cewa Herzog ba shi da tausayi bai ga waɗannan ba.

Wa ya ɗauki nauyin jirgin?

Yanzu ga inda abokinka na biyu yake da hujja. Fitzcarraldo na 1982 labarin wani Bature ne mai son gina gidan opera, wato wasan kwaikwayo na waƙa, a garin Iquitos na ƙasar Peru. Don ya samu kuɗi sai ya kai ga wani dajin roba, don ya kai can sai ya tsallake da jirgin ruwansa daga wani kogi zuwa wani ta kan tudu. Attajirin robar da aka aro labarinsa, Carlos Fitzcarrald, jirginsa bai fi tan 30 ba, kuma kwance shi aka yi gunduwa-gunduwa aka ɗauka. Herzog ya ce nasa mai tan 320 ne, kuma a dunƙule za a ja shi, a tudu na gaske mai gangara sosai, da igiyoyin ƙarfe da katafila da ɗaruruwan 'yan asalin dajin.

Aikin ya ci shekaru. A ƙarshen 1979 mutanen Aguaruna, waɗanda ba su yarda da zaman masu fim a ƙasarsu ba, suka ƙone sansanin farko. Aka koma wani yanki. An ɗauki kusan kashi 40 cikin 100 sai jarumin, Jason Robards, ya kwanta da atuni, likita ya hana shi dawowa, mawaƙi Mick Jagger da ke fitowa tare da shi ya tafi, aka sake daga farko da Kinski. Injiniyan da aka ɗauko daga Brazil ya ajiye aikin don yana ganin tsarin jan jirgin zai iya hallaka mutane. Ƙaramin jirgin sama ya faɗi, mutane suka jikkata, ɗaya ya shanye. Maciji ya sari wani mai saran itace, ya datse ƙafarsa da zarto mai inji don ya tsira da ransa. Hannun mai ɗaukar hoto Thomas Mauch ya tsage lokacin da aka saki jirgin cikin ruwa mai ƙarfi. Herzog yana cewa a wajen jan jirgin kansa ba wanda ya rasa rai, kuma ya taimaka wa mutanen yankin wajen neman takardar mallakar ƙasarsu. An ba shi kyautar gwarzon darakta a Cannes a 1982.

Na kalli wurin hawan jirgin nan fiye da sau ashirin, har yau tsigar jikina tana tashi in na ji kukan ƙarfen yana jan laka. Ba na musun cewa abin da ya nema ya samu, ido yana gane nauyi na gaske. Amma duk lokacin da na nuna wa ɗalibai sai na tsayar da hoton a kan mutanen da ke ƙarƙashin igiyar, ƙafa ba takalmi, in tambaye su sunan mutum ɗaya a ciki. Kura da shan bugu, gardi da karɓar kuɗi. Fim ɗin yana nuna Bature yana amfani da ƙarfin talakawan daji don cika burinsa, kuma hanyar da aka bi aka yi fim ɗin ita ma haka take. Tafiya Faris da ƙafa jikinsa ne, yana da iko da shi. Tudun Peru jikin wasu ne.

Haka na ji da Cobra Verde na 1987, aikinsa na ƙarshe da Kinski, wanda aka ɗauki babban sashensa a Gana, a ganuwar bayi ta Elmina. Labarin wani ɗan fashin Brazil ne da ya zama dillalin bayi a Dahomey, tsohuwar masarautar da ke ƙasar Benin ta yanzu. Akwai 'yan Gana masu daraja a ciki: darakta King Ampaw ya fito, wani basarake na gaske, Nana Agyefi Kwame na biyu na Nsein, shi ya hau matsayin sarki. Amma ɗaruruwan 'yan matan da aka horar su fito a mayaƙan Dahomey taro ne kawai, ba mai suna ba mai labari. A ƙarshen fim ɗin Kinski yana ta jan wani kwalekwale zuwa teku ya kasa, wani mutum da shan inna ta lanƙwasa yana binsa a bakin ruwa da hannu da ƙafa. Hoton yana da ƙarfi ƙwarai, sai dai an mai da nakasar bawan Allah alama ce ta Afirka, shi kansa ba a ce ya buɗe baki ba. Kinski kuwa ya addabi ma'aikata har Mauch ya bar aikin. Kinski ya mutu a 1991, a 2013 kuma 'yarsa Pola ta bayyana cewa ya yi shekaru yana lalata da ita tun tana ƙarama. Tun daga nan na daina ba da labarin haukarsa a aji kamar abin nishaɗi.

Ba daga littafi na koyi wannan ba. Wata shekara muna ɗaukar shiri a kan wahalar ruwa a wani ƙauye, na sa mata huɗu suka maimaita tahowa daga rijiya da tulu a ka har sau biyar, don ina son rana ta faɗo a bayansu. Ana cikin na biyar wata dattijuwa ta sauke tulunta a hankali, ta gyara gammonta, ta ce, "Ɗan nan, kai hoto kake nema, mu kuwa tuwon dare muke nema. In ka gama, wa zai mayar mana da la'asar ɗinmu?" Hoton ya yi kyau, na kuma yi amfani da shi. Amma tun ranar ba na sa mutum ya maimaita wahalarsa sai mun yi ciniki a fili, ya san sau nawa ne, ya san abin da zai samu.

Maganar ƙarya

Wannan ma ba ƙage aka yi masa ba, shi da bakinsa yake faɗa. A 1999 ya karanta wata sanarwa a Minnesota ta Amurka, inda ya raba gaskiya biyu: wadda ya kira gaskiyar akanta, ta lissafi da kwanan wata, da wata mai zurfi da zan fassara da gaskiyar shauƙi, wadda a ganinsa ba a kai gare ta sai da ƙirƙira. A fim ɗinsa na 1992 kan rijiyoyin man Kuwaiti da aka cinna wa wuta, ya buɗe da wata magana da ya jingina wa masanin Faransa Pascal, alhali shi ya rubuta ta. An yi masa ihu a Barlin, ana cewa ya mai da bala'in yaƙi abin ado. A na 1997 kan Dieter Dengler, matuƙin jirgin yaƙin da aka harbo a Laos a 1966 ya tsere daga tsare, za ka ga mutumin yana buɗe ƙofar gidansa yana rufewa, yana sake buɗewa, wai don ya tabbatar ba a kulle yake ba. Herzog ne ya tsara masa hakan.

Ga yadda nake auna abin. Na Dengler ban ga laifinsa sosai ba, domin mutumin baligi ne mai jin yaren daraktan, an gaya masa, ya yarda, ya kuma ga fim ɗin. Ƙirƙirar ta fito ne daga abin da shi ya faɗa game da zaman kurkuku. Jingina wa mamaci maganar da bai yi ba kuwa ban yarda da shi ba. Mu da muka tashi a al'adar da ake tambayar wa ya faɗa, daga wa ya ji, mun san illar wannan, balle yanzu da bidiyo ɗaya na ƙarya a WhatsApp yake iya tayar da gari.

Fim ɗin da ka gani, Wodaabe na 1989, yana tsakiya. Ya zo ne bayan farin 1984 da ya share garken mutane, kuma bai ɓoye wannan ba, ya nuna waɗanda suka rasa shanunsu suka raɓe a gefen Arlit suna tsince-tsince a juji. Ya bar su suna hira da junansu da Fulatanci, samari da 'yan mata suna maganar wanda ya burge wa. Wannan adalci ne da ba kowane Bature ya yi musu ba a lokacin. Amma a buɗewar fim ɗin, samarin Bororo a bikin Gerewol sun yi layi da fentin fuska, suna zare ido suna bayyana fararen haƙora, sai ya ɗora musu wata tsohuwar waƙar coci da wani mawaƙin fadar Fafaroma ya rera a farkon ƙarni na 20. Niyyarsa ita ce Bature ya kalle su da girmamawa irin ta wurin ibada, ya daina yi musu kallon abin mamaki na daji, kuma ga Bature dabarar ta ci. Ranar da na nuna shi a aji, wani ɗalibina Bafulatani ya ɗaga hannu ya ce, "Malam, ga bakinsu yana motsi, waƙa suke yi. Me ya sa aka kashe tasu aka sa ta wasu?" Ban da amsar da ta fi tambayarsa. Dengler yana iya cewa a'a. Makiyayin da ke bayan Tahoua ba a nufe shi da kallon fim ɗin ba ma.

Don kada in rage masa mudu, shi ne kuma ya yi abin da nake ɗauka darasi mafi girma na kamun kai a wannan sana'a. Grizzly Man na 2005 labarin Timothy Treadwell ne, wanda ya yi bazara 13 yana zama cikin manyan namun dajin nan masu gashi da ake kira beyar a Alaska, har ɗaya ta cinye shi da budurwarsa Amie Huguenard a Oktoba 2003. Kyamararsa tana kunne da murfi a bakinta, ta naɗi sautin mutuwarsu. Herzog ya samu kaset ɗin. Abin da ya nuna mana shi ne ƙeyarsa kawai, da abin sauraro a kunne, da fuskar tsohuwar abokiyar mamacin tana kallonsa. Ya cire, ya ce mata kada ta taɓa saurara. Ko daƙiƙa ɗaya bai sa a fim ba. Ka tuna da wannan duk ranar da aka yi haɗari a hanya ka ga mutane sun zaro waya.

To, ka bi shi?

Tun shekarun 1990 yake zaune a Amurka, ya yi finafinai sama da 70, ya je Antaktika, ya shiga kogon Chauvet na Faransa mai zanen da ya haura shekara 30,000, ya zauna da masu jiran hukuncin kisa a Texas. A 2025 bikin finafinai na Venice ya ba shi kyautar girmamawa ta aikin rayuwa. Ka sani cewa yawancin labaran ƙuruciyarsa daga bakinsa suka fito, kuma gwanin ba da labari ne, shi ya sa ka ji ina ta cewa "a cewarsa". Ni ma ta fassarar da ke ƙasan allo nake kallon finafinansa na Jamusanci, kuma hukuncin da na yanke a kan na Peru da Gana nawa ne, akwai masana da suka fi ni sassauci da waɗanda suka fi ni tsanani.

Abin da zan ce ka ɗauka shi ne kada ka jira. Ka mallaki aikinka, ko da rajistar ƙaramin kamfani ce, kada ka sayar da fim ɗinka gaba ɗaya don kuɗin mako guda. Ka rubuta labari da zafinsa, shi kamar ƙagaggen labari yake rubuta nasa, ba ya cika shi da lissafin inda kyamara za ta tsaya. Ka yi karatu, domin a ɗan horon da yake ba masu son yin fim abin da ya fi nanatawa ke nan, kuma kana da rubutattun waƙoƙi da tarihin Katsina da Gobir da Damagaram a kusa da kai. Ka taka da ƙafa: daga Maraɗi zuwa Tibiri ba nisa, amma abin da za ka gani a ƙasa ba za ka gan shi daga kan babur ba. In kuma ka kafa kyamara a kan fuskar mutum, ya gama magana, kada ka yi saurin kashewa, ka ƙirga goma a ranka.

Kana da abin da Herzog bai taɓa samu a Nijar ba: kana jin abin da mutane ke faɗa ba tafinta, kuma gobe za ka haɗu da su a kasuwa. In ka tashi yin naka a kan Bororo ko masu jima ko matan da ke daka, ka fara zuwa ba kyamara, ka sha shayi, ka faɗi abin da kake so da abin da za ka biya. Ka rubuta sunan kowa daidai don ya fito a ƙarshen fim. In ka gama tacewa, kafin ka ɗora a YouTube ko ka aika wani biki, ka ari majigi da janareta ka koma rugar, ka rataya farin zane a jikin itace bayan isha'i, ka zauna a baya inda za ka ji abin da tsofaffi ke cewa.